Maƙwabcina da ya kashe ni

Ni dai a aji huɗu na ajiye firamare, amma an taɓa naɗa ni sarki, an kuma kashe ni. Mai digiri ya zo ya faɗi nasa.

Wani malamin sakandare ne daga Kafanchan ya zo ƙauyenmu, nan bayan Fadan Kagoma, da kyamara. Wai zai mayar da wani tsohon wasan Turawa fim: jarumi ya yanka sarkinsa don sarauta, daga nan barci ya ƙaurace masa. Malam ya dubi furfurata ya ce ni ne sarki. Makashin kuwa maƙwabcina ne, wanda muke noman citta gona da gona tun muna samari. Gadon sarautar ma kujerata ce ta gindin mangwaro.

Aikina in kwanta in rufe ido. Na iya ƙwarai, don sai da aka tashe ni.

Aka nuna fim a coci bayan sujada. Matata ta ce ko a mace bakina a buɗe yake. Kowa ya yi dariya, ban da maƙwabcina. Tun daga ranar ya daina zuwa shan kunu gindin mangwaro. In ya hango ni sai ya bi ta cikin dawa.

Abin ya ɗaure mini kai. Ni aka kashe, shi ke gudu. Na tambayi Fasto ko akwai gafarar zunubin da ba a yi ba. Ya ce zai duba.

Na gaji da shan kunu ni kaɗai, na same shi a gona.

"Ranka ya daɗe, gawarka ce ta zo gaisuwa."

Bai ɗago daga fartanya ba. "Baba, ka bar wasa."

"Wuƙar ta kwali ce fa. Jinin kuma zoɓo."

"Ba wuƙar ba ce," in ji shi. "Da na zauna a kujerarka, mutane suna durƙusawa, daɗi na ji. Har na so kada ka tashi."

Washegari na kai masa kujerar, tunda yana so. Kafin la'asar ya dawo da ita a kansa, ya dire, ya zauna a kan saiwar mangwaro. Ni ma da na zo zama sai na ji nauyi, na nemi wata saiwar.

Kunu dai muna sha tare har yau. Kujerar tana tsakaninmu, kaji ke hawa.