Fasfon Isufu Ya Koma Maraɗi Shi Kaɗai

Shekara shida ke nan da muka kai Isufu makwancinsa a nan Dubai, kuma har yau in aiki ya bi da ni ta unguwar Satwa sai na tsallaka titi, don kar in gifta ƙofar shagon da ya yi ɗinki. Ni mutumin Kano ne, aikin kago nake yi a Sabkha, wato ɗaure wa mutane kaya a aika musu gida. Shi ɗan Maraɗi ne, tela. Ɗaki ɗaya muka zauna, yana ce min Yaya.

Wani Alhaji ne ya kawo shi, aminin marigayi mahaifinsa. Ba zan kama sunansa ba. Ranar da Isufu ya sauka, ya yi abin da yawancinmu muka yi, ya durƙusa ya miƙa fasfonsa da hannu biyu, ya ce a ajiye masa. Haka muka taso, babba ake ba ajiya. Daga nan yana kan keken ɗinki tun asuba, ba hutu, ba damar canza wurin aiki. Duk sanda ya ce yana son zuwa ganin Inna, mahaifiyarsa, sai Alhaji ya ce, "Shwaiya shwaiya, sannu a hankali, bari sallah ta wuce." Sallah takwas suka wuce yana jira.

Ni na matsa masa ya kai ƙara. Magana ta yi nisa har aka gurfanar da Alhaji bisa tuhumar tilasta wa mutum aiki da riƙe masa takardu. Nan dattawanmu suka taso. Mako biyu suna sintiri a ɗakinmu, wai zai tona asirin ubansa a ƙasar mutane, wai da wane ido zai kalli mutanen Maraɗi.

Ranar zama, alƙali ya tambaye shi ta bakin tafinta ko ƙwace fasfon aka yi. Isufu ya sunkuyar da kai ya ce, "Ni na ba shi ajiya." Aka ce an tilasta maka aiki? Ya ce, "Ubana ne." Ni ma aka tambaye ni ko na taɓa ganin an kulle shi ko an dake shi. Na ce a'a, don ban gani ba. Amma na ga yadda yake kifa kai a gwiwa in ya gama waya da Inna, kuma ban faɗa ba. Dattawa suna zaune a bayana, bakina ya yi nauyi. Alhaji ya fito da fasfon ya damƙa masa a gaban kowa, aka kori ƙarar.

Abin da ya faru a bakin ƙofar kotun shi ne ba ya barin zuciyata. Wani dattijo ya ce, "To khalas, mayar wa Baba ya yanko maka tikiti." Isufu ya kalle ni. Na kau da kai. Ya durƙusa ya sake miƙawa da hannu biyu.

Daga baya wani lauya ya ce min sulhu kaɗai bai cika kashe irin wannan shari'a ba, domin laifin ya wuce tsakanin mutum biyu. Amma in mai ƙara da bakinsa ya ce ba tilas, kuma shaidarsa bai ƙara komai ba, abin da ya rage saɓani ne na ma'aikaci da maigidansa. Ban ga laifin alƙali ba. Abin da muka kai masa da shi ya yi hukunci, kuma babu inda doka ta rubuta irin nauyin da kara take ɗora wa Bahaushe.

Wata takwas bayan nan Isufu ya faɗi a kan keke dab da la'asar, aka ce zuciya ce. Tikitin da aka yi ta cewa gobe jibi bai zo ba. Fasfon kuwa, da asibiti suka nema, cikin awa ɗaya Alhaji ya kawo shi. Da aka gama da fasfon, ni na sa shi a kwali tare da almakashin Isufu da rigunansa uku, na rubuta sunan Inna a kai. Shekara goma ina ɗaure kayan mutane, ban taɓa ɗaure wanda ya sa ni kuka ba sai wannan.

Yaran da ke zuwa yanzu sun fi mu buɗe ido, wasunsu tun a jirgi sun san ba a riƙe wa mutum fasfo. Da Isufu zai gan su, na san cewa zai yi, "Yaya, 'yan yanzu ba su da ta-ido," ya yi dariyar nan tasa. Amma na tabbata zai so a ce shi ma haka yake.

Me ya rage na Isufu? Wata jallabiya da ya ɗinka min, na daina sawa don kar ta mutu. Sai Inna, da aka ce tana buɗe fasfon ta kalli hoton, don shi ne hotonsa da ta fi so. Allah Ya jiƙan Isufu, Ya yafe min shirun da na yi.

Yanzu furfura ta fito min, ni ake kawo wa ajiya. Watan jiya wani baƙo daga Damagaram ya durƙusa ya miƙo min fasfonsa da hannu biyu. Na mayar da hannuwana baya, na ce ya tashi ya sa abinsa a aljihu. Na ji yana gaya wa mutane wai ina da wulaƙanci. Ni dai ya je ya yi ta faɗin haka, har a gaban mahaifiyarsa, duk ran da ya ga damar zuwa gida.