Wasiƙu Uku da Suka Cinye Mana Fadama

Shekarun baya can, ba a daɗe da samun mulkin kai ba, maƙwabcinmu ya shigo mana fadamar rake a Kurmin Kogi, ya ce tasa ce. Alƙalin Ikara ya ba shi gaskiya don ba ni da shaida. Mutum ɗaya ya san iyakar, wani tsoho abokin mahaifina, shi kuwa yana hanyar Makka. Da ya dawo, na ɗaukaka ƙara zuwa Zariya.

Aka karɓi takarda, aka ce in jira kira. Damina ta wuce, shiru kake ji. Ga tsohon nan kullum tari yana cin sa. Ranar da na je gaishe shi ya ce, "Ɗana, in za a tambaye ni a tambaye ni yanzu. Ba ni da alkawari da baɗi."

Hankalina ya tashi. Na ɗauki keke sai Ikara, wajen mai rubuta wasiƙa a bakin kasuwa. Na ce, "Malam, rubuta musu su matsar da shari'ata gaba." Ya ce da Turanci zai yi, ta fi shiga. Na dangwala yatsa ina jin kaina wani babba.

Amsa ta zo: an amince, sai bayan wata shida. Kai! Wane irin amincewa ke nan? Na koma aka sake rubutawa, na ce ya ƙara mata zafi. Aka sake ɗagawa. Na yi ta uku. Duk wanda ya zauna kusa da ni a kasuwar Maƙarfi sai ya sha labarin yadda maƙwabcina ya saye kotu. Mahaifiyata tana cewa in bi a hankali, ina cewa ai an bar bin hankali.

Cikin wannan jiran tsohon ya rasu.

Bayan sadakar bakwai na shiga mota zuwa Zariya, raina a ɓace. Na tsaya gaban magatakarda na ce, "Ranka ya daɗe, wallahi kun zalunce ni. Shekara biyu!"

Ya jawo fayil, ya dube ni ta saman tabarau. "Wannan yatsan na waye?"

"Nawa ne."

"To kai ka roƙi a ɗage. Sau uku. Abokin shari'arka ma ya zo nan yana ƙorafin kana ja masa rai."

Ashe ni gaban layi nake nufi, malamin wasiƙa ya rubuta gaban kwanaki. Ranar da aka zauna shari'ar, alƙali ya ce ina shaida, na ce yana kabari. Ko zaman shan fura ba a yi ba aka tabbatar da hukuncin farko.

Na je na tuhumi malamin, ya ce, "Abin da ka faɗa na rubuta." Abin haushin, bai yi ƙarya ba.

Da rani ya zagayo na shiga ajin yaƙi da jahilci, da gemuna. Yau ko takardar maganin tari aka ba ni sai na karanta ta da kaina. Amma har gobe ba na bin hanyar fadamar nan in rake ya isa sara. Jikokin maƙwabcina kan tare ni da ɗauri guda su ce, "Baba, ga na shan ruwa," kuma dole in karɓa in yi godiya.