Katantanwar da Baba Ya Ajiye a Gindin Randa

Shekarar da idon Baba ya fara dushewa, ƙanena ya aiko masa da katantanwa daga Turai. Yana aiki ne a bakin wani teku mai sanyi, inda ake dafa dodon koɗin teku, su kuma su yini suna zare namansa daga ɓawo. Ɗan masuncin Argungu guda, ya ƙare a ɓarar dodon koɗi. Shekara bakwai bai zo gida ba, kullum takardu ba su fito ba, sai ga tsarabarsa ta iso a cikin safa.

Fara ce mai duhu-duhu, ta kusa cika tafin hannu, bayanta da kaushi, kanta a murɗe da tsini. Baba ya shafa ta, ya shinshina, ya ce wannan ba ta san ruwanmu ba.

Ni malamar firamare ce a Birnin Kebbi. Duk Juma'a in an tashi, nakan shiga mota daga unguwarmu ta Nassarawa zuwa Argungu, in yi wa Baba wanki, in sayo magani, Lahadi in komo da ciwon baya. Na gaji, ba zan ɓoye ba. Wanda ke nan shi ke wahala, wanda ya tafi shi ake yi wa addu'a da suna.

Wata Juma'a na tarar da katantanwar a cikin kasko, an binne ta rabi a laka, an tura gindin randa. Baba ya san dodon koɗin fadama: in rani ya yi yakan shige laka ya toshe bakinsa, ka rantse ya mutu, ruwa na sauka ya fito yana jan ciki. To wannan ma haka zai yi, in ji shi, sai dai tunda ɗan ruwan sanyi ne, gindin randa ya fi masa. Kowace safiya sai ya lallaɓa da sanda ya zuba mata moɗa guda. Har gishiri yake barbaɗawa, wai ya ji ruwansu da gishiri.

Damina biyu muna haka. Ranar da na zame a jiƙaƙƙen wurin na bugu a gwiwa, haƙurina ya ƙare. Na ce masa an dafa abin nan tun kafin ya baro can, an cinye, ɓawo ne kawai. Na ƙara da cewa wanda ya aiko shi ma ba zuwa zai yi ba. Wannan ta biyun har yau tana cina.

Bai yi faɗa ba. Ya juyo da fuskarsa wajen muryata.

"Ɗiyata, tun ina yaro nike cikin gulbi. Ranad da na ɗauke ta na san babu kowa ciki." Ya laluba ya kama moɗar. "Amma in na bar zuba mata ruwa, mi za ni yi ma ƙanenki da sahe?"

Baba ya rasu kafin damina ta uku. Ƙanena ya yi kuka a waya, takardu ba su fito ba. Da aka kwashe ɗakin babu wanda ya kula da kaskon, na saka shi a leda na taho da shi.

Ba ni da randa a Nassarawa. Kaskon yana nan a bayan firij, kuma da safe kafin in tafi makaranta nakan zuba masa ruwa.