Ranar da yayana ya fasa gurmin mutane

Yayana ya je Magarya sayar da wake, ya dawo mana da ciwon Ingila. A wani gidan bidiyo ya ga wasu samarin Turawa huɗu, gashi har kafaɗa, suna dukan jita kamar ta yi musu laifi. Ya sayo kaset ɗinsu, tun daga ranar jakinmu ma bai ƙara samun barcin rana ba. Ko kalma ɗaya ba ya ji, amma ya rantse duk duniya babu mawaƙa sai su.

Mu a Waca ba gidan kiɗa ba ne, manoma ne. Sai ya manne wa wani tsoho mai gurmi, makaɗin bukukuwan garinmu, yana yi masa noma yana koyo. Tsohon yana son gurmin nan kamar ɗa, don daga hannun mahaifinsa ya gaje shi. Da ƙyar ya yarda ya ara wa yayana ranar bikin wani abokinsa, waƙa ɗaya tak.

Gaskiya ya kaɗa. Ya tuɓe hula, yana girgiza kai kamar akwai gashin da zai watsa, alhali wanzami ya yi masa ƙwal. 'Yan mata suna ta shewa. Ashe a bidiyon, in Turawan sun gama sai su maka jitar da ƙasa, shi kuma ya ɗauka ladabin sana'ar ke nan. Ya ɗaga gurmin sama, ya rafka shi da turmin da ke gefe. Ƙwarya ce fa, bugu ɗaya ta tarwatse.

Ya tsaya yana haki yana jiran tafi. Wata tsohuwa ta ce a kawo rubutu, yaron nan iskoki sun taɓa shi. Na yi dariya har na zauna a ƙasa. Har yau a unguwarmu, in wani ya fasa ƙwarya sai a ce ya yi na Ingila.

Tsohon bai yi faɗa ba. Ya durƙusa yana tsince sakainar yana zubawa a rigarsa, a nan dariyata ta ɗauke. Yayana ya matsa yana bayani cewa haka manya suke yi a can.

Tsohon ya ce, "To, ɗana. Su ma na ubansu suke fasawa?"

Yayana ya sa aka haɗa masa sabo a Dungas. Tsohon ya karɓa, ya yi godiya, ya rataye a ɗaki. Har ya rasu ba mu ƙara jin kiɗansa ba.