Rumbun Aishatu A-Idona

A wani ƙauye tsakanin Minjibir da Ɗambatta, inda gona ke manne da gona har wurin ɗaure jaki sai da yardar maƙwabci, akwai gidan da ake kira Gidan A-Idona. Kakanninsu daga Barno suka zo fatauci, suka ga ƙasar noma, suka zauna. Dukiyar da suka zo da ita ta daɗe da ƙarewa. Abin da ya rage shi ne wani karatu nasu na baka, wanda suke kira Rinin Ido.

Karatun ba shi da tsawo. Cewa suke idon ɗan Adam marina ce, duk abin da ya shiga sai ya fito da launin abin da ke zuciyar mai idon, na so ko na ƙi ko na tsoro. Allah kaɗai ke ganin abu yadda yake. Saboda haka ɗan gidan ba ya cewa "haka abin yake", sai dai "a idona". Ko miya ce gishiri ya yi wa yawa, "a bakina" zai ce. Mutanen gari sun mai da abin na tsokana, amma 'yan gidan ko a jikinsu.

A nan aka haifi Aishatu, 'yar autan Malam Jaji. Tun tana ƙarama, in ta yi faɗa da wata yarinya, ubanta ba ya tambayar wa ya fara. Sai ya tsayar da kowace a inda 'yar'uwarta ta tsaya, ya ce ta faɗi abin da take gani daga nan. Aishatu ta tsani wannan horon, don ita mai zafin kai ce, ga baki kamar reza. Amma duk cikin 'ya'yan Malam ita ce karatun ya zauna wa.

Ta yi aure a cikin garin, ta kai laƙabin gidansu gidan miji. Da mijin ya rasu, ita da ɗanta Iliyasu suka riƙe gonar. A nan ta haɗu da ƙaddararta, wato Sha'aban, mai gonar da ke gabas da tata. Duk damina sai garmarsa ta ɗan ci gambar da ke kan iyaka, duk damina kuma sai Aishatu ta tsaya a bakin gona ta wanke shi tas. Shekaru suka yi a haka. Ba ta ɓoye ba, ta ƙi jinin mutumin nan, kuma ba ita kaɗai ba, don Sha'aban bai iya zama da mutane ba.

Bara, bayan an gama ɗaurin gero an cika rumbuna, wata rana da la'asar rumbun Aishatu ya kama da wuta. Tana fitowa ta hangi wani cikin hayaƙi, sanye da shuɗiyar riga, yana gudu ta bayan danga. Kafin a kawo ruwa, abincin shekara ya zama toka. Ta zauna a ƙasa ta yi kuka irin wanda ba ta yi ba tun mutuwar mijinta.

Washegari aka taru a ƙofar dagaci. Ba wanda ya ga mai gudun sai ita. Magana ta riga ta ƙare a bakin jama'a: in ta ce Sha'aban ne, za a kwashe geronsa a ba ta, a kuma kore shi daga garin. Sha'aban yana tsugune a gefe, yana rantsuwa ba mai saurare.

Dagaci ya ce, "Inna Aishatu, wa kika gani?"

Ta ce, "Ranka ya daɗe, a idona Sha'aban ne."

"Ba maganar gidanku muke so yau ba. Shi ne ko ba shi ba ne?"

"Abin da na gani na faɗa. Amma idon nan shekara da shekaru yana jiƙe da ƙin Sha'aban. Ko limamin garin nan ne ya gudu cikin hayaƙin, Sha'aban zan gani."

Wuri ya ɗauki guna-guni. Iliyasu ya matso kusa da ita, ya ce, "Inna, don Allah ki ce shi ne. Me za mu ci bana?"

Ta ce, "Abin da Allah ya hore. Ubana bai koya mini in rantse a kan hayaƙi ba."

Wani dattijo mai suna Nababa ya ce wannan taurin kai ne kawai aka sa masa rawani. Aishatu ta juya ta dube shi sama da ƙasa, ta ce, "A idonka, Baba Nababa."

Haka taron ya watse ba hukunci. Mutane suka ji haushinta fiye da yadda suke jin na Sha'aban, don ta hana su abin da suka daɗe suna nema. Waɗanda suka yi niyyar kawo mata gudummawar hatsi da yawa suka fasa. Iliyasu ya tafi Kano cin rani ba tare da ya yi mata sallamar kirki ba, kuma wannan ya fi wutar ƙona mata rai. Ranin nan da surfen mutane ta ci abinci, ita da ba ta taɓa daka hatsin wani ba. Har yau ba a san wanda ya sa wutar ba.

Ana cikin haka sai ga Sha'aban wata safiya, ya turo dammunan gero a baro har ƙofar gidanta. Ya yi sallama, ya rusuna, ya ce ya zo godiya ne, don ta wanke shi a gaban jama'a.

Aishatu ta fito da taɓarya a hannu, ta dubi geron, ta dube shi.

Ta ce, "Ban wanke ka ba, Sha'aban. A idona kai ka ƙona mini rumbu, kuma da wannan ganin zan shiga kabari. Idon nawa ne dai ban yarda ya yanke wa kowa hukunci ba, ko da kai ne. Kwashe geronka. In damina ta faɗi kuma, ka ja garmarka nesa da gambata."

Ta koma ciki ta ci gaba da surfenta.