Gafakar da Inna Ta Ɗauka

Makwar

Mun bar gidan Goggo Asabe a Makwar da ƙarfe huɗu da rabi na asuba, kafin kiran sallah, ni da Inna. Wata goma sha ɗaya muka yi a can tun da faɗa ya kore mu daga ƙauyenmu na kusa da Hasahisa. Za mu koma gida ba mu da takardar shaida ko ɗaya.

Ga yadda aka yi. Marigayi Baba malamin makaranta ne, kuma duk abin da yake girmamawa a gafakar fata yake sa shi, kamar Alƙur'ani. Gafaka biyu ne a ɗakinsa, iri ɗaya. Ran da muka gudu Inna ta shiga ɗauko ta takardunmu da na hawasha, gonar da muke nomawa. Ba ta karatu, sai ta ɗaga su biyun ta zaɓi mai nauyi. Da muka buɗe a Makwar, littafi ne na Larabci a kan marubutan Amurka 'yan asalin Norwe.

Baba yana son littafin nan. Yakan ce mutanen sun bar ƙasar ƙanƙara, aka yanka musu gonaki a fili marar itace, suka rubuta wahalarsu da harshensu, suka kafa jaridu da makarantu, har 'ya'yansu suka shiga majalisa. "Da ba su rubuta ba, da an ce daga sama suka faɗo," in ji shi. Sai shi ma ya cika fararen shafukan baya da tarihinmu, da ajami.

Hanyar Madani

Hafilar, wato bas ɗin da muka hau, ta tashi shida saura. Direban, Baba Adamu, Bahaushe ne mai furfura. Ya dubi gafakar a cinyata.

"Takardunku ne, 'yata?"

"A'a, Baba."

"To in an tsayar da mu, ke ki yi magana. Larabcin Hajiya zai tona ku."

"Mi ya samu Larabcina?" Inna ta ce. "Da shi na yi cinikin kuɓewa shekara talatin."

"Shi ya sa ake zaluntarki," ya ce. An ɗan yi dariya, ban da ni.

Kilomita kusan ɗari ne zuwa Madani, amma sai sha ɗaya muka shiga. Shinge uku muka wuce, sun leƙa kawai. Mun ci ful, wato dafaffen wake, da burodi a tasha, ban ji ɗanɗanonsa ba.

Shinge na huɗu

Da ƙarfe ɗaya da kwata, bayan mun bar Madani, aka tsayar da mu. Wani mai bindiga ya ce kowa ya ɗaga takardarsa. Mu biyu ne ba mu ɗaga ba. Ya sauke mu, ya yi wa Inna tambaya, ta amsa kafin in buɗe baki.

"Baƙi ne," ya ce wa na kusa da shi. "Su zauna can."

Can ɗin wata rumfa ce, da mutane zaune a ƙasa an juya musu fuska ga bango. Har yanzu in na rufe ido ina ganin tafin ƙafafunsu.

Mai bindigar ya fizge gafakar. Da ya ga fata ce sai ya goge hannunsa a wando, ya zaci Alƙur'ani ne. Ya buɗe, ya ga hotunan Turawa masu gemu da taswira, ya kai wa babbansu, wani mai tsufa da ke shan shayi a kan benci.

"Su wane ne waɗannan?" babban ya tambaye ni.

Na ce manoma ne da suka yi ƙaura, suka rubuta labarinsu.

"Wa ya aiko ki da shi?"

"Na babana ne. Ya rasu."

Ya juya zuwa shafukan baya, ya daɗe yana duban ajamin. Ya ce in karanta, shi yana bi da yatsa. Na karanta da Hausa, ina fassara masa: yadda kakan Baba ya taso daga Sakkwato a ƙafa da niyyar hajji, shekarar da ya shiga aikin haƙa magudanan ruwa, sunan magudanar da ke shayar da gonarmu, lambar hawasha, sunayen maƙwabta huɗu, da inda aka binne kowa.

Ya rufe littafin, ya danne da hannu.

"Wa ke gabas da ku?"

Na faɗa.

"Ran da aka sako ruwa, wa ke fara sha?"

Wannan ba ya cikin littafin. Inna ce ta amsa, da Larabcin nan nata: "Na bakin magudana. Mu muna can ƙarshe, sai sun ƙoshi. In auduga ta yi yaushi mu tai mu yi faɗa da mai buɗe ruwa."

Ya dube ta. "Mu ma a ƙarshe muke," ya ce a hankali. Ya mayar da littafin cikin gafaka da kansa. "Ku hau, ya Hajja."

Baba Adamu bai tafi ba, ya buɗe gaban mota yana ta taɓa injin da lafiyarsa ƙalau. Na rumfar kuwa mun bar su yadda muka same su.

Gida

Mun sauka Hasahisa da la'asar, muka hau amalanken jaki, muka iso ƙauye kafin magariba. Ƙofarmu babu, gadaje babu. Ɗaya gafakar tana ƙasa, wayam, an yanke madaurinta.

Inna ta ɗauke ta, ta karkaɗe, ta rataye a ƙusarta. "Ashe mai nauyin da na ɗauka ita ce takardar tamu," ta ce.

Mun gode wa Allah da ya dawo da mu, da Goggo Asabe, da Baba Adamu. Washegari na buɗe shafin da Baba ya tsaya. Saura rabinsa fari. Na rubuta rasuwarsa, da fitarmu, da dawowarmu, da Hausa kamar yadda ya yi. Layukana sun karkace, amma ana karantawa.