Kalilu Mai Hoto da Rumbun Arzika

Duk wanda ya ƙetare iyaka ta Magama a shekarun da kuɗin fetur suka fara yawo ya san Kalilu mai hoto. Gajere ne, ga surutu, ba shi da komai sai kyamara da wata babbar riga shuɗiya da yake ara wa duk wanda zai ɗauka. Direba, mai goro, ɗan dako, kowa ya shiga rigar nan sai ya fito alhaji.

Lokacin da fari ya tsananta a saba'in da uku, wata jarida daga Kaduna ta aiko a ɗauko mata hotunan manoman Bugaje. Kalilu ya je. To, mutanenmu ba sa tsayawa hoto da tsumma. Kowa ya yi wanka, ya ari rigar, ya karya hula. Hotuna suka fito tsaf, wani jami'i ya duba ya ce ai waɗannan ba su da matsala, aka cire Bugaje daga garuruwan da za a kai wa hatsi.

Abin ya ci Kalilu ƙwarai, don ya san rigarsa ce ta jawo. Ya hau keke ya koma Bugaje wurin Arzika, dattijon da ba a taɓa jin hatsi ya yanke masa ba.

"Baba, so nike ka buɗe mani rumbu in ɗauka."

"Ko ɗiyana ba su leƙa rumbuna, Kalilu. Duniya za ka gwada ma?"

"Ni na ɓata, Baba. In ba su gani ba, ba su kawowa."

Arzika ya kasa kunne yana sauraren unguwa. Hantsi ya yi, babu ƙarar turmi ko ɗaya.

"Miƙo rigar," in ji shi.

Ya sa ta, ya ɗage murfin rumbun da hannunsa, ya dira ciki ya tsaya. Kalilu ya hau tsani ya ɗauka daga sama: dattijo cikin babbar riga, ƙarƙashinsa ƙasa ce sharar, ko ƙwaya babu. Jaridar ta buga ba tare da sunan Kalilu ba, shi kuwa ko a jikinsa.

Bayan mako uku motar hatsi ta iso Bugaje. Gari duka ya fito layi, ban da Arzika da kunya ta hana, don kowa ya riga ya ga hoton. Kalilu ne ya ɗaura buhun dattijon a keke, ya kai masa, ya ajiye a zaure ya juya bai yi sallama ba.